Da Wanne Za Ka Fara? Kwatanta Gajerun Finafinai Marasa Magana Guda Biyar Masu Dagula Zuciya

Duk wanda ya nemi a ba shi sunan gajeren fim na zamanin da ba a magana a cikin fim, irin wanda ke hana zuciya sukuni, sunan da zai fara ji shi ne Un Chien Andalou na 1929. Fim ne da ya cancanci sunan da ya yi. Sai dai shahara daban, dacewa da buƙatar mai kallo daban. Malamin da zai nuna wa ɗalibai, da matashin da ke son koyon ɗaukar fim da ƙaramin jari, da mai son zama shi kaɗai cikin dare ya kalli abin da zai taɓa shi, ba fim ɗaya ya kamata a miƙa musu ba. Akwai guda biyar da aka yi tsakanin 1926 da 1929, uku a Faransa, biyu a Amurka, waɗanda suka fi dacewa a auna su da juna.

Ma'aunin da za a bi

Na farko shi ne irin damuwar da fim ɗin ke sakawa. Wani razana mutum yake yi nan take, wani kuwa a hankali yake shiga jiki kamar sanyin hunturu. Na biyu shi ne yadda yake amfani da alamci, wato abin da ake gani a ido yana ɗauke da wata ma'ana ta ɓoye: ko alamar tana buɗuwa idan an yi tunani, ko an kulle ta da gangan. Na uku sauƙin bi, musamman ga wanda bai saba ba, da ko ana buƙatar jin Faransanci ko Turanci. Na huɗu tsada. Na biyar ƙarko, ta fuska biyu: ingancin kwafin da ya tsira zuwa yau, da ko fim ɗin yana jure kallo na biyu da na uku. Na ƙarshe haɗari, wato abin da zai iya ɓata wa mai kallo rai ko ya jawo wa mai nunawa magana.

Maganar tsada gajeriya ce. A dokar Amurka, duk fim ɗin da aka fitar a 1929 ko kafin nan ya fita daga hannun masu haƙƙin mallaka tun 1 ga Janairun 2025, shi ya sa ake samun dukkan biyar ɗin kyauta a intanet, a rumbun Internet Archive da YouTube. Kuɗin data kawai za ka kashe. A Turai lissafin ya bambanta, don ana ƙirga shekara 70 ne bayan mutuwar masu aikin, kuma cikin mutum biyun da suka rubuta Un Chien Andalou, Luis Buñuel ya rasu a 1983, Salvador Dalí a 1989. Ban da haka, kiɗan da aka ɗora wa kwafin da aka gyara daga baya yana da nasa haƙƙin. Wanda zai kalla a gida babu ruwansa da wannan, amma wanda zai karɓi kuɗin ƙofa ya bincika.

Maganar ƙarko ita ce mai tsawo. An ɗauki waɗannan finafinai a kan zaren fim na naitiret, mai kama wuta da sauri, mai ruɓewa idan ya daɗe. Binciken da Ɗakin Karatu na Majalisar Amurka ya fitar a 2013 ya nuna kashi 70 cikin 100 na dogayen finafinai marasa magana na ƙasar sun ɓace gaba ɗaya. Waɗanda suka tsira ma suna da wata matsala, ta gudu. Da hannu ake juya kyamarar wancan zamani, galibi hoto 16 zuwa 20 a daƙiƙa, alhali majigin zamanin sauti yana gudu a kan 24. Idan aka kunna fim ɗin da aka ɗauka a kan 18 da gudun 24, mutane sai su riƙa tafiya da ɗan tsalle-tsalle kamar a wasan barkwanci, fargabar da aka gina ta watse. Shi ya sa za ka ga fim ɗaya da tsawo iri biyu: minti 16 a gudun 24 daidai yake da minti 21 da ɗoriya a gudun 18.

Un Chien Andalou (1929)

Buñuel da Dalí, 'yan Sifaniya biyu, su suka rubuta shi, da kuɗin mahaifiyar Buñuel aka yi shi, aka fara nuna shi a gidan kallo na Studio des Ursulines da ke birnin Faris a watan Yunin 1929. Daga nan ya yi wata takwas ana nuna shi a Studio 28.

Minti biyun farko sun isa su nuna halinsa. Wani mutum, Buñuel ne da kansa, yana wasa aska, ya gwada kaifinta a farcen babban yatsansa, ya fita baranda da taba a baki ya ɗaga kai. Wani siririn gajimare yana nufar wata. Sai ga fuskar mace, an buɗe mata ido da yatsu biyu. Gajimaren ya ratsa watan, askar ta ratsa idon. Idon mataccen ɗan maraƙi ne aka yanka, amma an haɗa hotunan yadda ƙwaƙwalwa ba ta samun zarafin tuna hakan. Abin koyo a nan shi ne kamannin siffa: zagaye da zagaye, siririn abu da siririn abu. Kafin askar ta iso, mai kallo ya riga ya yanka idon a ransa.

Abin da ya biyo baya jerin hotuna ne da ba su da igiyar labari: tururuwa na fitowa daga rami a tafin hannu, yankakken hannu a tsakiyar titi ana tsokanarsa da sanda, mutum na jan fiyano biyu da igiya da mushen jakai a kansu da limaman coci biyu a ɗaure a baya. Rubutun da ke fitowa a allo na lokaci ne kawai, irin su "bayan shekara takwas" da "shekara goma sha shida kafin nan", kuma ba sa daidaita komai, ƙara rikita lissafi suke yi. Ƙa'idar da marubutan biyu suka ɗora wa kansu ita ce kada su karɓi duk wani hoto da za a iya yi wa bayani na hankali. Saboda haka alamcinsa a kulle yake. Ɗalibin da ya zauna yana neman ma'anar tururuwa zai ƙare da ma'anar da shi ya ƙirƙira.

Ta fuskar ƙarko, kwafi masu kyau suna da yawa. Kiɗan da ya dace shi ne na sigar 1960 da aka haɗa bisa umarnin Buñuel, wanda ya maimaita abin da ya kunna a faifan garmaho ranar farko: wani yanki na kiɗan Tristan und Isolde na Bajamushen mai tsara kiɗa Wagner da kiɗan tango na Ajantina. Haɗarinsa shi ne mafi girma a cikin biyar ɗin. Ban da idon, akwai tsiraicin mace da taɓa jiki ba da yardarta ba. Kuma yana da wata illa ga mai farawa: bayan razanar farko, da yawa ba sa iya mai da hankali ga sauran mintocin.

La Coquille et le Clergyman (1928)

Germaine Dulac ce ta ba da umarni, Antonin Artaud ya rubuta. Ya riga na Buñuel fitowa da sama da shekara guda, a gidan kallo ɗaya, a watan Fabrairun 1928, kuma an yi hayaniya a ranar saboda Artaud da abokansa ba su ji daɗin yadda aka sarrafa rubutun ba. Hukumar tace finafinai ta Birtaniya ta hana nuna shi, da hujjar cewa ya yi duhu har kusan ba shi da ma'ana, in ma yana da ita to ba mai kyau ba ce.

Mutum uku ne: limamin coci, wani janar mai lambobin yabo da takobi, da matar da limamin ke kwaɗayi. Fim ɗin ya buɗe da limamin yana tsiyaya wani baƙin ruwa daga ƙaton ɓawon katantanwar teku cikin kwalabe, yana sakin kowace ta fashe a ƙasa. Daga baya ana ganinsa yana rarrafe da hannu da gwiwa a kan titi yana bin matar, jelar rigarsa tana ƙara tsawo, fuskar janar ɗin tana tsagewa gida biyu. A nan alamcin yana buɗuwa. Sha'awa ce da aka danne, da tsoron mai iko, da kunyar kai, kuma duk wata dabarar kyamara, ko rage gudu, ko karkatar da hoto, ko ɗora hoto a kan hoto, tana aiki ne don a shigar da mai kallo cikin kan mutum ɗaya. A ganina wannan ne ya fi sauran zurfi wajen nuna yadda damuwa ke cin mutum daga ciki, don ba ya barin ka fita daga kan limamin ko na minti ɗaya.

Matsalarsa biyu ce. Ya kai kimanin minti 40 a kwafin da aka gyara, kuma tsakiyarsa na da nauyi ga wanda bai saba ba. Sannan kwafinsa sun sha bamban ƙwarai: akwai masu gajarta da ba su kai minti 30 ba, kuma an daɗe ana yawo a Amurka da wani da aka jera sassansa ba daidai ba. Ka nemi mai tsawon. Haɗarinsa tsiraicin ƙirjin mace ne a fili, da kuma yadda ya nuna malamin addini cikin wannan hali, abin da zai iya sosa ran Kirista a cikin masu kallo.

The Fall of the House of Usher (1928)

Kada a rikita shi da dogon fim mai suna iri ɗaya da Jean Epstein ya yi a Faransa a shekarar. Wannan na minti 13 ne, James Sibley Watson da Melville Webber suka yi shi a garin Rochester na jihar New York, a wani tsohon ɗakin ajiye keken doki, ba a masana'antar fim ba. Watson likita ne, matarsa Hildegarde ce ta fito a matsayin Madeline, Webber kuma ya fito a matsayin baƙo mai doguwar hula. Tushensa labarin Edgar Allan Poe ne na 1839: Roderick da 'yar'uwarsa Madeline a wani tsohon gida, ya binne ta da ranta, ta dawo.

Kusan komai a cikinsa da gilashi mai kusurwa da madubi da inuwa aka yi. Matakala ɗaya sai ta zama goma tana hawa kan kanta. Inuwar guduma tana sauka tana tashi a bango. A wajen cin abinci, hannu mai safa ya kawo kwano a rufe, da aka ɗaga murfin sai ga siffar akwatin gawa. Babu katin rubutu ko ɗaya, sai haruffan wasu kalmomin Turanci masu nufin bugu da tsagewa da ihu, suna yawo a allo suna karyewa, a madadin ƙarar da kunne ba zai ji ba. Gidan shi ne kan Roderick: duk yadda hankalinsa ya karkace, haka bango ke karkacewa.

Wanda bai san labarin ba zai ɓata a hanya, amma maganin wannan mai sauƙi ne, a ba da labarin a jimla uku kafin a kunna. Idan an yi haka ya zama mafi dacewa da aji, don babu jini, babu tsiraici, kuma gajartarsa na ba da damar kallo sau biyu a zama ɗaya. An adana shi a gidan tarihi na George Eastman da ke garin da aka yi shi, ya kuma shiga rajistar finafinan ƙasa ta Amurka a 2000. Rauninsa allo ne. Hotunansa hawa-hawa ne kuma masu duhu, a ƙaramar waya ko a kwafin da aka matse sai su cakuɗe su zama toka-toka.

Ménilmontant (1926)

Dimitri Kirsanoff ya yi shi, sunan wata unguwar talakawa ce a Faris, tsawonsa kimanin minti 38, kuma babu kalma ɗaya ta bayani a allo daga farko har ƙarshe. Shi kaɗai ne a cikin biyar ɗin mai labari irin wanda kowa ya sani. An kashe iyayen 'yan mata biyu da gatari a ƙauye, suka koma birni suna aikin haɗa furannin ado na hannu, saurayi ɗaya ya yaudari ƙaramar ya bar ta da jariri, ya koma wa babbar.

Kisan da ya buɗe fim ɗin bai kai minti guda ba, an yanka shi gutsi-gutsi: labule, fuska, hannu, gatari a sama. Ba a nuna saran a jiki. Sai ƙaramar, wadda Nadia Sibirskaïa ta fito a matsayinta, ta taho da gudu daga wasa ta tarar da taron mutane. Kyamara ba ta juya ga gawa ba. Fuskar yarinyar ake nunawa, yanka bayan yanka, kowanne ya fi na baya kusa, har idanunta suka cika allo.

Wurin da ya fi zama a rai yana can gaba. Tana zaune a benci cikin sanyi da jaririnta, yunwa ta ci ta. Wani tsoho a gefenta yana cin burodi. Ya lura da ita, bai dube ta ba, ya yanki burodin ya ajiye a kan bencin tsakaninsu ya ci gaba da cin nasa. Ta daɗe tana kallon burodin kafin hannunta ya tafi. Tana taunawa hawaye na zuba. Duk wanda ya san nauyin karɓar abu a hannun baƙo, da kuma kara irin ta mai bayarwa da ke kawar da kai don kada ya kunyata mai karɓa, ba ya buƙatar a fassara masa komai a nan.

Alamcinsa na abubuwan yau da kullum ne: ruwan kogin Seine da take tsayawa tana kallo, ƙafafun masu wucewa, agogo, tayoyin mota. Ba ya razanarwa kamar na Buñuel, amma shi ne wanda ke ƙara nauyi a kallo na biyu. Mai sharhin finafinai Pauline Kael ta taɓa ambatarsa a matsayin wanda ta fi so a duk finafinai. Haɗarinsa matsakaici ne: kisa a farko da ƙarshe, ciki ba aure, karuwanci, tunanin kashe kai, da ɗan hoton tsiraici da aka ɗora a kan hoton titi. Kada a nuna wa wanda ke cikin matsanancin ƙuncin rai ba tare da an gaya masa abin da ke ciki ba.

The Life and Death of 9413: a Hollywood Extra (1928)

Robert Florey da Slavko Vorkapich suka yi shi a kan dala 97. Mutum ya zo Hollywood da burin zama tauraro, aka rubuta masa lamba 9413 a goshi, ya yi ta hawa matakala yana tarar da sanarwar babu ɗauka yau, har ya mutu, a sama aka goge masa lambar. Dogayen gine-ginen da ake gani kwali ne da gwangwani da aka haska da fitila ana motsa inuwarsu. Gregg Toland, wanda daga baya ya ɗauki hoton shahararren fim ɗin Citizen Kane, ya yi aikin kyamara a ciki. Alamcinsa a buɗe yake sarai, damuwarsa ba ta da zurfin sauran, akwai ma ban dariya. Haɗari kusan babu. Ana buƙatar ɗan Turanci don karanta sanarwar.

| Fim | Tsawo | Rubutu a allo | Sauƙin bi | Alamci | Abin hattara |
|---|---|---|---|---|---|
| Un Chien Andalou | minti 16 ko 21 | kaɗan, Faransanci | da wuya | a kulle | yanka ido, tsiraici |
| La Coquille et le Clergyman | kimanin minti 40 | kusan babu | da wuya | yana buɗuwa a hankali | tsiraici, malamin coci |
| House of Usher | minti 13 | haruffa masu yawo | sai an san labarin | yana buɗuwa | duhun hoto a waya |
| Ménilmontant | kimanin minti 38 | babu | da sauƙi | na yau da kullum | kisa, ƙuncin rai |
| 9413 | minti 11 zuwa 13 | sanarwa da Turanci | da sauƙi ƙwarai | a buɗe | kusan babu |

Kafin a kunna

Kwafi mara kyau na iya kashe kowanne daga cikinsu. Ka fara duba tsawon ka gwada da na teburin nan, sannan ka kalli yadda mutum ke tafiya a minti na farko. In yana sauri fiye da ƙima, nemi wani. Ka guji waɗanda aka shafa wa launi ko aka goge da manhaja har fuska ta yi sumul, don duhu da ƙurar hoton suna cikin aikin. Ka saurari kiɗan kafin baƙi su zo. Masu ɗorawa a intanet sukan liƙa duk abin da suka ga dama, kuma kiɗa mai ɗaukar hankali yana gaya wa mai kallo abin da zai ji tun kafin hoto ya yi aikinsa. In bai dace ba a kashe sautin gaba ɗaya, Ménilmontant da Usher suna tsayuwa ba kiɗa. A sauke fim ɗin tukuna, tsayawar intanet a tsakiyar yanka mai sauri tana wargaza shi. A kashe fitila. A kallo na biyu a ba kowa takarda ya rubuta abubuwan da suka dawo fiye da sau ɗaya, hannu ne, ko ƙofa, ko matakala, ko ruwa, da abin da ya faru daf da dawowarsu. Daga nan tattaunawar alamci ke samun abin kamawa.

Wa ya dace da wanne

Wanda bai taɓa kallon fim marar magana ba, ya fara da Ménilmontant. Labarin zai riƙe shi har idonsa ya koyi karanta fuska ba tare da jiran baki ba. Malamin da ke da awa ɗaya da ɗalibai maza da mata a haɗe, ya ɗauki Usher, ya ba da labarin, ya nuna sau biyu a babban allo ko da majigi. Mai son yin nasa gajeren fim da waya da fitila ɗaya, ya haɗa 9413 da Usher, ya riƙa tsayar da hoto yana lissafa daga ina haske ya fito da abin da aka sa a gabansa. Mai nazarin halayyar ɗan Adam ko adabi da ke neman fim ɗin da zai yi rubutu mai tsawo a kansa, na Dulac ne ya fi ba da abin faɗa, muddin ya samu kwafin minti 40. Un Chien Andalou kuwa ya fi amfani ga mai koyon haɗa hoto, da wanda ya riga ya kalli biyu ko uku daga cikin sauran, kuma a gaya wa kowa maganar askar kafin a kashe fitila.